Faifan da Eustace Pinnock Ya Kankare

Eustace Pinnock tela ne a unguwar Jones Town ta Kingston. Shekara arba'in da ɗaya ya yi a kan keken ɗinki, amma ba wanda ke tuna shi da wando ko kwat. Da faifai ɗaya ake tuna shi.

A 1954 ya je Florida yankan rake na wata shida. Ya dawo da tabo a gwiwa da faifan garmaho na wasu mawaƙa baƙaƙen Amurka, irin kiɗan nan mai tashi da Kingston ke haukar so. Al'adar masu kayan kiɗa irinsa ce, in ka samo faifai mai zafi, ka kankare takardar tsakiyarsa, kada abokin hamayya ya karanta sunan ya sayo nasa. Eustace bai jira ya iso gida ba. Tun a jirgin ruwa ya sa reza ya kankare tasa tas, gaba da baya, ya raɗa wa waƙar "Takun Pinnock".

Shekara bakwai waƙar nan na riƙe da shi. Lasifikarsa biyu ce kacal, amma duk Asabar in ya ɗora ta a filin rawa, har masu sayar da naman akuya sai sun bar tukunya. Abokin hamayyarsa Lascelles Dacres, mai lasifika tara, sau biyu yana zuwa Amurka nemanta. Akwatunan faifai ya kwaso, bai dace ba.

Ranar Talata, 14 ga Maris 1961, matarsa Icilda ta dire dutsen guga a kan tarin yadi. A ƙarƙashin yadin yake ɓoye faifan. Faifan ya rabu uku.

"Sai ka sayo wani," in ji ta. "Meye sunansa na gaskiya?"

Eustace ya tsuguna yana tsintar gutsattsarin.

"Eustace, kada dai ka ce mini..."

"Akwai sunan wata mace a ciki. Ko na wani gari."

"Sannu da ƙoƙari. Ka ɓoye wa duniya har ka haɗa da kanka."

Kwana biyu yana bin kantunan faifai yana rera musu waƙar da hanci. Wani mai kanti ya saurara har ƙarshe, ya tambaye shi ko haƙori ke damunsa. Ga Asabar na matsowa, kuma ba don lasifika biyu mutane ke zuwa ba.

Juma'a da hantsi ya ƙulle gutsattsarin a hankici, ya haɗiye girman kai, ya nufi gidan Dacres, ko cikin akwatunansa a dace.

Da ya ji labarin, Dacres ya yi dariya har ya nemi kujera.

"Malam Eustace, ka cuce ni. Shekara bakwai ina shayar da 'yan leƙen asiri giya su samo mini sunan da mai shi ma bai sani ba." Ya ɗauki guntu ɗaya ya juya. "Me ke bayansa?"

"Shirme. Wani ƙato ne ke kuka a tashar jirgin ƙasa, mace ta gudu. Ban taɓa sa shi ba."

Dariyar Dacres ta ɗauke. Ya tashi ya fita baranda, ya ɗaga tukunyar furen matarsa, ya zaro wani faifai daga ƙarƙashi. Tun 1956 ya sayo shi, ya ji ƙaton na kuka, ya jefar, bai juya ɗaya gefen ba. Ya goge shi da gefen riga, ya kifa shi a garmaho. Sai ga "Takun Pinnock".

Eustace ya yi wuf ya leƙa tsakiyar faifan. A kankare take tas.

"Kai ma?"

"Ni kafin in saurara nake kankarewa," in ji Dacres. "Wa zai yi sake a garin nan?"

Ranar Asabar aka jera lasifika goma sha ɗaya a fili guda. Dacres ya gwada shelanta waƙar da sunansa, jama'a suka yi masa ihu, bai ƙara ba. Faifan nasa ne, sunan na Eustace, a haka suka yi shekara ashirin da takwas suna faɗa a kan wanda zai ɗora allura.

Eustace ya rasu a 1989, aka sa waƙar a wurin jana'izarsa, bayan an fito daga coci. Wani baƙo daga Amurka ya matso ya ce ai ya san ta, zai faɗi sunan mawaƙin. Icilda ta ɗaga masa hannu.

"Bar shi, ɗana. Mai ita ya tafi bai sani ba, ba za mu riga shi ji ba."