Fuskar Mamane a Talabijin ɗin Jamus

Mamane maƙwabcina ne a unguwar Sulay ta birnin Riyad. Bango ɗaya ya raba ɗakunanmu, irin bangon da in ya yi tari ni nake ce masa sannu. Mutumin Damagaram ne, shekararsa goma sha tara a Riyad yana tuƙi a wani kamfanin hayar motoci. Ni Basiru, sauke kaya nake yi a sito, aikina na biyu kuma tsokanar Mamane.

A 2015 kafil ɗinsa, wato Balaraben da ya kawo shi aiki, ya haɗa shi da wani Bajamushe mai shirya fim, ya yi ta yawo da shi sati uku. Sunan Baturen ya fi ƙarfin bakinmu, sai muka sa masa Dogo. Mamane ya haddace tarihinsa tsaf. Wai da ɗaukar wayoyin lantarki ya fara a gidan talabijin, ya koma riƙe kyamara, ya yi shekara ashirin yana shirya fim ɗin 'yan sanda, har ya gaji da gawar ƙarya ya ce yanzu mutanen gaske yake so. Shi ne ya zo ɗaukar rayuwar baƙi 'yan ƙwadago.

Na ce, "Ɗan Nijar, tarihin kakanka ma ka san shi haka?"

Ya ce, "Kai dai ɗan Najeriya baki gare ka. Ni zai saka a ciki."

Da gaske ne kuwa. Abin da ya sa Mamane ya ɗauki zancen da zafi, tsohuwarsa ce, Gogo Delou. Rabonta da shi shekara shida, idonta kuma yana ta raguwa. In an nuna mata shi a waya sai ta ce gilashin ya yi ƙanƙanta, ba ta ganin komai. Ya ce in fim ya fito za a kunna mata a babban talabijin, ta ga ɗanta da kyau tun kafin hasken ya ƙare.

Ranar ɗauka, wata Juma'a da hantsi, ya saka babbar rigar da ta aiko masa, shuɗiya mai aiki a wuya. Na ce ya yi kama da angon da amarya ta gudu. Dogo ya zaunar da shi a bakin motarsa, ya yi ta zuba da Larabcin titi, tafinta yana juyawa.

Da aka gama sai Dogo ya dafa kafaɗarsa. Tafinta ya ce, "Darakta ya ce don kada ka samu matsala da kafil, zai iya ɓoye fuskarka, ya canza maka suna da murya. Kana so?"

Ina tsaye, na ga Mamane ya ji sarai. Amma babban mutum ya dafa ka, ya miƙo maka alheri a gaban jama'a, ka ce ba ka so? Ya sunkuyar da kai ya ce, "Yadda ya ga ya dace."

Na ja hannun rigarsa. "Kai, wane kafil? Ba shi ya ba ka mota ka kawo su ba?"

Ya ce, "Bari, zai sake tambaya. Sai in faɗa masa."

A wurinmu haka ne, ko abinci sai an yi maka tayi sau uku. Bajamushe sau ɗaya yake tambaya. Ya rubuta a takarda, ranar Lahadi ya hau jirgi.

Bayan wata takwas fim ya iso, Dogo da kansa ya aiko da faifai biyu. Mamane bai tsaya ya duba ba, ya ba wani mai tafiya gida ɗaya ya kai wa Gogo. Ya ce shi da Gogo za su gani rana ɗaya. Mu muka kunna kwafinmu a ɗakina, su Gogo kuma suka taru a gidan mai unguwa a can Damagaram.

Ga mota, ga shuɗiyar riga, aikin wuya ya fito zare-zare. A saman wuyan kuwa sai wani dusu-dusu kamar an shafa koko a madubi. An rubuta Ali a ƙasa. Muryar ta koma ta kwaɗo.

Na buɗe baki zan yi tsiya, na kalle shi, na rufe.

Wayarsa ta yi ƙara. Gogo ce, ina jin muryarta.

"Mamane, na ga rigar. Wallahi na gan ta, har aikin wuyan. Fuskar ce dai ban gani ba. Idon ya tafi ke nan, ɗana."

Ba wanda ya yi ƙarfin halin faɗa mata gaskiya a can. Shi ma sai ya ce, "Ni ne, Gogo. Murmushi nake yi miki."

Fim ɗin ya ci kyauta a Jamus. Mun ga hoton Dogo a waya riƙe da wani ƙarfe mai sheƙi, fuskarsa tar, har kana iya ƙirga gashin gemunsa. An ce ya gode wa Ali.

Gogo ta rasu da azumin bana. Mamane yana nan yana tuƙi, rigar tana cikin akwati. 'Yan gidanmu suna kiransa Ali in suna son su ji bakinsa. Ni da na fi kowa iya wannan aiki, ban taɓa ba.