Yatsun Rodica Sun Ƙi Sana'arta

Rodica Botnaru tana hawa na biyu, ni ina na uku, a wani tsohon bene da ke bayan tashar mota a garin Soroca. Tun tana rarrafe na san ta. Ni ce Tamara, kuma duk yaran benen Tanti Tamara suke ce mini, har waɗanda suka fara furfura kamar ita.

Shekara goma sha ɗaya ta yi tana ɗinka aljihun wando a masana'antar tufafi. Ta taɓa aure, mijin ya tafi aikin gini Rasha bai sake waiwayowa ba. Ranar da mahaifiyarta Parascovia ta yanke jiki ta faɗi a kicin, ɓarin jikinta na dama ya shanye, ranar ce aikin masana'anta ya ƙare. Tsohuwa ba ta juyawa sai an juya ta, ba ta ci sai an ba ta a baki, maganarta kuma kamar ta mai loma a baki. Yayan Rodica, Anatol, yana Portugal. Nasa taimakon waya ce ranar Lahadi: "Ya jikin Mama?" Shi ke nan.

Dole Rodica ta nemi sana'ar da za a riƙa samunta har gida. Na riƙe mata tsohuwa mako uku, tana zuwa birnin Balti koyon sa jan farce na jel, irin wanda ba ya bushewa da iska sai an cusa hannu cikin wata 'yar fitila mai shuɗin haske. Ta dawo da fitilar, da magogin farce, da burushi siriri kamar gashin ido, da kwalabe kala-kala. Ta matsar da teburin cin abinci jikin taga, ta shimfiɗa farin tawul. Shago ya buɗe.

Allah ya hore mata hannu. Ganyen inabi take zanawa a kan farce, har jijiyoyinsa kana gani. Kafin shekara ta zagayo, rabin matan unguwarmu sun san matakalarmu: malaman makaranta, 'yan matan kemis, Nina mai kifi wadda takan zo da ƙarninta, da Doamna Larisa, wato Madam Larisa, matar jami'in kwastan wadda takan zo da turarenta. Ni kuwa nakan sauko da rana in zauna a gefe ina ɓare wake, ina shan labari.

"Rodica, ja nake so," in ji Nina, "ja irin wanda uwar mijina za ta gani ta shaƙe da miya."

"Wancan watan ma haka kika ce, ga ta nan garau, na gan ta a coci tana ture mutane."

"To ƙara masa ƙyalƙyali, ko a dace."

Ana cikin dariya sai a ji ƙwanƙwasa daga ɗaki. Cokali ne aka ɗaura wa tsohuwa a hannun hagu, tana buga ƙarfen gado: biyu ruwa, uku fitsari. Minti ɗaya hannu yake yi cikin fitila. A wannan minti ɗin Rodica ke rugawa ta juya uwa, ta share mata baki, ta wanke hannu, ta dawo da murmushi ta ce, "Kawo ɗayan." Haka ta yi shekara shida. Ba arziki aka yi ba, amma ba a kwana da yunwa ba, maganin tsohuwa kuma bai yanke ba.

Ana saura mako uku bikin Ista, lokacin da kowace mace a gari ke son sabon farce, ƙaiƙayi ya fara mata a gefen babban yatsa. Ta ce sabulu ne, ta canza sabulu. Sai ƙuraje ƙanana masu ruwa suka feso a kan yatsu uku, suka fashe, fata ta tsattsage. Ta fara sa baƙar safar hannu ta roba, ta ce wa mata sabon tsari ne na tsafta. Ni kaɗai na ga abin da ke ciki, ranar da na same ta ta tsoma hannu biyu cikin kwanon ruwan sanyi tana cije leɓe.

"Wannan fa, 'yar nan?"

"Ba komai, Tanti. Zai wuce."

Babu abin da ba mu gwada ba. Ganyen kabeji, man sunflawa, basilin, kitsen agwagwa da ƙanwata ta aiko daga ƙauye, har man da aka yi wa addu'a a gidan sufaye. Ta koma sa safa biyu, ɗaya kan ɗaya. In ta huta ranar Lahadi sai ya lafa, Litinin da la'asar ya dawo da ƙarfinsa. Bayan Ista farcenta guda biyu suka ɗago daga nama. Wata safiya ta tashi fatar idonta ta kumbura, saboda ƙurar da ke tashi in tana goge tsohon jel.

Da ƙyar na kora ta wurin likitan fata a Balti. An manna mata wasu 'yan filasta a baya, aka ce ta dawo bayan kwana biyu, sannan bayan huɗu. Da ta dawo zuwan ƙarshe ko jaka ba ta ajiye ba, ta zauna a matakala.

"Ya ce jikina ne ya ƙi jel ɗin. Wai ɗanyensa da ke taɓa fatata kullum, shekara da shekaru, shi ne jiki ya ƙullace shi. Wai har safar roba yana ratsawa."

"To maganin fa?"

"Maganin in bari. Na ce masa, likita, in bari in ci me? Wa zai zauna da uwata? Ya ce shi fata ya karanta."

Ba ta bari ba. Ta sayo wani jel mai tsada da aka ce ba ya cin hannu, ya ci. Ta rage mata daga biyar a rana zuwa uku. Da safe sai ta naɗe kowane yatsa da filasta kafin ta zura safa, burushi kuma ya fara kufce mata, don kan yatsun ya daina jin abin da ya riƙe. Ganyen inabi ya koma kamar sawun kaza.

Doamna Larisa ce ta fasa ƙwan. Ta ga jini ya ɓullo ta bakin safa ya ɗiga kan tawul, ta janye hannunta kamar ta taɓa wuta.

"Cire in gani."

"Doamna, ba ya yaɗuwa, wallahi ga takardar likita..."

"Na ce cire."

Ta cire. Larisa ta miƙe da farce huɗu a shafe, shida tsirara, ta ɗauki jakarta. Kafin yamma labari ya zaga wayoyin matan gari cewa Rodica ta bayan tasha tana da cutar farce mai kama mutane. Rodica ta ɗauki hoton takardar likita ta tura wa kowa. Wa zai tsaya karanta rubutun likita? Ɗaya bayan ɗaya suka riƙa aiko uzuri: yaro ba lafiya, baƙi sun zo. Nina kaɗai ta ci gaba da zuwa, tana cewa, "Ni da ke yini cikin hanjin kifi, me hannunki zai yi mini?"

A watan Agusta wata ƙawarta ta masana'anta ta kawo 'yarta Dumitrita, amarya, ana gobe ɗaurin aure. Don zumunci ta kawo ta, kowa ya san haka. Rodica ta yi wanka, ta sa riga mai kyau, ta gasa placinta, wainarmu mai cuku, ta ajiye a faranti. Amarya fari take so, da siririn zare na zinariya a baki. An yi farce bakwai lafiya, a hankali, gumi na tsattsafo mata a goshi. A na takwas yatsan Rodica ya tsage sabo, zaren zinariya ya karkace ya haye fatar yarinya. Ta goge, ta sake, ya sake karkacewa. Sai ga cokali daga ɗaki, uku, uku, uku.

Rodica ta juyo ta dube ni, idonta ya kawo ruwa. "Tanti Tamara, riƙe burushin nan. Uku suka rage. Ni zan gaya miki yadda za ki yi."

Ni da shekara sittin da takwas, da tabarau kamar gindin kwalba. Na karɓa, don ban san yadda zan ce a'a ba. Abin da na yi wa farcen yarinyar nan, ko katanga ba a yi wa irinsa. Amarya ta dubi hannunta ta fashe da kuka. Uwar ta ce, "Ba komai, Rodica, ba komai," tana jan 'yarta zuwa ƙofa, tana kiran wani shago a waya tun kafin su sauka. Ko placinta ba su taɓa ba.

Muka shiga ɗaki, tsohuwa ta riga ta jiƙa shimfiɗa. Rodica ta tsoma hannu cikin ruwan sabulu ta saki ƙara, ta durƙushe a gefen gado. Ni na wanke Parascovia ranar, na canza zanin gado. Tsohuwar tana kallon hannun 'yarta, ta daɗe tana kokawa da harshenta kafin magana ta fito.

"Kai ni... gidan tsofaffi."

"Mama, yi shiru."

"Kai ni."

Rodica ta kira Anatol nan take, ba ta jira Lahadi ba. Ina jin muryarsa daga inda nake: shi ma yana da iyali, aiki ya yi ƙasa, kuma ai Mama da bakinta ta faɗa. Ta kashe wayar ba sallama.

Mako biyu bayan haka ta sa kayan aikin a kasuwa. Wata yarinya 'yar shekara ashirin ta zo daga wani ƙauye, da jariri a kafaɗa, tana ta murna za ta fara sana'a a gida. Na yi wa Rodica ido kada ta ɓata ciniki. Ba ta kula ni ba, ta zare safa ta shimfiɗa hannu biyu a kan tebur.

"Dubi nan da kyau, ƙanwata. Shekara shida ke nan. Kada ki bari ɗanyensa ya taɓa fatarki ko ta mai zuwa, ko ɗigo."

Yarinyar ta duba, ta gyara wa jaririnta hula. "Na ji, Tanti. To ni ma me zan yi?" Ta kwashe kayan cikin kwali ta tafi.

Hannun Rodica ya warke cikin wata uku, sai dai farcen ya fito da gargada. Ta samu aikin sayar da tikiti a tasha, daga safe zuwa azahar, abin da ake ba ta kuwa ko maganin wata ba ya isa. Ni ke zama da tsohuwa, amma gwiwoyina sun ƙi, ba na iya ɗaga ta. Sau biyu ta zame mini zuwa ƙasa, muka zauna a nan ni da ita har Rodica ta dawo.

A watan Nuwamba muka bar Nina da tsohuwa, muka hau ƙaramar bas zuwa wani gidan tsofaffi na gwamnati, tafiyar awa guda. Gado shida a ɗaki, warin kabeji da fitsari, amma akwai ɗumi, ma'aikatan kuma ba su da mugun fuska. Rodica ta cike takarda. Matar da ke ofis ta ce babu gado yanzu, mutum goma sha ɗaya ke gabanta.

"Sai yaushe ke nan?"

"Gado ba ya samuwa sai wani ya tashi daga kansa," in ji matar, ba ta ko ɗago ba. "Amma sanyi ya shigo. Layin yakan yi sauri."

A hanyar dawowa muka fara hango kogi. Rodica ta jingina kai da gilashi ta ce, "Tanti, tun ɗazu nake son in yi addu'a, na rasa wacce zan yi. In ce layin ya yi sauri, ko in ce kada ya motsa?"

Da muka iso kasuwa ta ce wa direba ya tsaya. Ta sauka sayen kabewa, ni na wuce gida don in sallami Nina ta koma kan kifinta.