Maigida Pyo da fim ɗinsa da ya dawo da baƙon suna

Pyo Deok-gu bai taɓa kai wa kowa naushi ba, amma shi ya shirya yawancin finafinan faɗan da aka kashe ni a cikinsu. Ni ɗan wasa ne, irin waɗanda jarumi ke haurewa su faɗo daga kan rufi. Shi kuwa gajere ne mai ɗingishi, tun lokacin yaƙi ƙafarsa ta lalace. Da sayar da tikiti ya fara a wata silima a garin Daegu, ya zo birnin Seoul yana ɗaukar wa masu kyamara kaya, har ya tara nasa mutanen.

Da hunturu yake kai mu tsofaffin wuraren ibada na kan duwatsu, mu yi ta faɗa ba riga, ƙanƙara na zuba. Shi da kansa yake dafa mana miyar kabeji mai yaji.

"Maigida, haƙarƙarina fa ya karye," na ce masa wata rana.

"Wane gefen? To, faɗi ta ɗayan!"

Amma da aka tashi, shi ya goya ni har wurin mai ɗori, yana nishi yana zagina.

Wata shekara ya sayar wa 'yan kasuwar waje fim ɗin da ya fi so. Can sai ga fim ya dawo Seoul da baƙon suna, an ɗora mana muryoyin Sinanci, an share sunayenmu kaf. Layin 'yan kallo har bakin titi, abin da ba mu taɓa samu ba. Muka sayi tikiti kamar kowa, muka shiga.

Wani mutum a gabanmu ya ce wa matarsa, "Kin gani ko? Mutanen waje su suka iya fim. Namu ko ɗaga ƙafa ba su iya ba."

Na zabura zan shaƙe shi, Pyo ya riƙe rigata.

"Zauna, Chun-bae. Ga ka can za ka faɗo. Bari mu ji ko za su tafa."

Na faɗo a cikin fim ɗin, silima ta ɗauki tafi. Da na waiwaya, Pyo ya cire tabarau yana ta gogewa.

Ya yi wasu finafinan bayan nan, sai dai mutane sun koma talabijin. Da ya rufe ofishinsa bai watsar da mu ba. Ya bi gida-gida yana nema mana abin yi: wannan koyar da wasan faɗa, wancan tuƙi, ni gadin makaranta. Shi da matarsa suka buɗe shagon taliya a bayan tashar jirgin ƙasa, can muke haɗuwa muna gardamar wa ya fi iya mutuwa.

A lokacin kaka Pyo ya rasu, bayan gajeruwar jinya. 'Yarsa ce ke riƙe da shagon yanzu. Nakan je ranar Asabar.