Ta Mutu Sau Huɗu a Hannun Mahaifinta

Aikina na farko a Amurka shi ne kula da wata tsohuwa a Woodbridge. Cikin shekarun 1980 ne, ban daɗe da barin Kaduna ba, kuma takardun jinyar da na zo da su ba su da amfani sai na sake jarrabawa. Da safe in yi wa tsohuwa wanka, da rana in yi karatu a teburin kicin ɗinta. Baturiyar Ingila ce, ta haura tamanin. Wani sojan Amurka ta aura lokacin yaƙi ta biyo shi, ya rasu ya bar ta da gida da mota da kyanwa. Ɗanta da ke wata jiha shi ya ɗauke ni aiki ta waya. Ina ce mata Mama, ita kuma tana ce mini Sista, don na gaya mata haka ake kiranmu a asibiti a gida.

A satin farko, ina taje mata kai, ta ce, "Sista, mahaifina ya kashe ni sau huɗu."

Na ci gaba da tajewa. An koya mana ba a musu da tsoho. Na rubuta a littafin rahoto cewa ta ɗan rikice da safe.

Ashe ba ta rikice ba. Mahaifinta mai shirya fim ne tun zamanin da fim bai iya magana ba. Shi ke rubuta labarin, shi ke ba da umarni, shi ke fitowa a ciki. Duk lokacin da labari ya buƙaci yarinyar da za ta mutu don mutane su yi kuka, ba ya zuwa nesa nema. Sau biyu zazzaɓi ya kashe ta, sau ɗaya ruwa ya ci ta, sau ɗaya keken doki ya take ta.

A hankali na haɗa tarihinsa, don ba a jere take ba ni ba. Da farko ɗan wasan dandali ne, suna yawo garuruwan bakin teku. Wata rana wani mai kyamara ya ɗauke shi ya faɗa ruwa da kayansa. Sau uku yana faɗawa. Da ya fito na ukun sai ya lura mai ba da umarni ko takalminsa bai jiƙe ba. Daga nan ya canza sana'a. Ya gina rumfa mai rufin gilashi a bayan gidansu, don da hasken rana ake ɗauka.

"A Ingila?" na tambaye ta.

"A Ingila. Rabin aikinsa kallon sama ne."

Duk da haka kusan kowane sati yana fitar da ɗan gajeren fim. Bayan yaƙin duniya na farko finafinan Amurka suka cika kasuwa, dogaye, masu tsada, rumfarsa ta koma wurin shuka tumatir. Ya yi ta rubuta wa wasu labari, daga baya ya koma fitowa a ƙananan wurare: alƙali, likita, mai buɗe ƙofa. Da fim ya fara magana aka ba shi magana guda, ya sanar da maigida mota ta iso. Ta ce sati biyu yana maimaita ta a gida. Faifayen nasa kuwa an sayar an narke, wai akwai azurfa a jikinsu. Ita kanta tun tana yarinya rabonta da ganin ko ɗaya.

Rannan wasiƙa ta zo daga wata ma'ajiyar tsofaffin finafinai a Washington, inda ɗanta ya taɓa rubutawa yana cigiya. Sun sami faifai a cikin wani gwangwani, ba suna, ba komai, suna zaton na mahaifinta ne. Ko za ta zo ta duba?

Ta sa hula da safar hannu. Na tuƙa motar marigayi, wadda faɗinta ya kusa ɗakin da nake haya. Cunkoson babbar hanya ya riƙe mu fiye da awa.

Ni na zaci majigi zan gani irin wanda ake kawo mana filin makaranta muna yara, da farin ƙyalle da taron jama'a. Sai wani saurayi mai gemu ya kai mu wani ɗaki mai sanyi a ƙasan bene, ya zaunar da mu gaban wani tebur mai allo bai fi faranti ba. Ya ɗauko littafi da biro, ya kunna.

Labarin ba wuya. Ɓarawo ya sace agogon bango, ɗan sanda ya bi shi.

"Wannan agogonmu ne," in ji ta.

Saurayin ya rubuta. Ya tsayar da hoton a kan ɗan sandan, dogo, mai kyau. "Madam, muna ganin wannan ne mahaifinki."

"Wannan mai kawo mana madara ne. Mahaifina shi ne ɓarawon."

Ya soke abin da ya rubuta. Hoto ya ci gaba. Wata ƙatuwar mata ta leƙo ta taga tana ɗaga hannuwa.

"Ita fa wannan?"

"Shi ne dai, mahaifina."

Ya dube ta, ya dube ni. Na ce masa ya rubuta, ba ta rikicewa.

Kusa da ƙarshe, ɓarawon ya ratsa ta wani kicin a guje. A bayansa wata mata siririya ta gilma da tire a hannu, ta kalli kyamara sau ɗaya kamar an tare mata hanya, ta fice. Ko ƙirga biyar ba a yi ba.

"Koma baya," in ji Mama.

Ya koma. Matar ta sake gilmawa.

"Ƙara."

Sau huɗu ko biyar yana mayarwa. Ta kama hannuna ta riƙe, safar tata ta yi ɗumi. Saurayin ya jira da bironsa a sama.

"Mahaifiyata ce," ta ce. "Ba ta cikin fim ɗin. Shayi take kai wa masu aiki. Mahaifina ya yi faɗa ranar, ya ce ta ɓata masa hoto. Ba ni da hotonta ko ɗaya."

Saurayin ya ce za a iya ciro mata guda daga faifan. Ta ce to, amma a zaɓi inda bakin a rufe yake.

A hanyar komawa ta ce in tsaya ta ci soyayyen kifi. Na ce likita ya hana. Ta ce likita ba ya cikin motar. Muka ci a wurin ajiye motoci, ta ce kifin bai yi ba, ta cinye.

Bayan wata guda hoton ya iso tare da takardar sunayen waɗanda suka fito. Hoton dishi-dishi ne, sai ka san mutum za ka gane shi. Ta sa na ajiye mata shi kusa da maganinta. Takardar kuwa ta gano sun yi kuskure a sunan mai madara, ta gyara da jan biro, ta aike ni gidan waya.

Da bazara na ci jarrabawa, na sami aiki a asibiti na koma Hyattsville. Wata 'yar Gana ce ta karɓi aikina a gidan Mama. Na nuna mata inda tawul yake da lokutan magani, da abincin kyanwa.