Littattafan da Ba a Buga wa Hatimi Ba

A ofis suna kirana Hajiya, alhali ko filin jirgi ban taɓa shiga ba. A Accra in dai kina Musulma kina yafa mayafi, to kin zama Hajiya, ba ruwan kowa da ko kin je Makka. A unguwarmu kuma, Maamobi, sunana Madam Laburare, kuma ba don yabo ake faɗa ba. A ganinsu ni mace ce da ke fita da jaka tun safe, ba ta sayar da komai, ba ta sake aure ba tun rasuwar mijinta, sai ta yini tana gadin takardu. Haka na yi shekara ashirin da ɗoriya, can ban zama tasu ba, nan ma ban zama tasu ba. Na saba cin abincin rana ni kaɗai a bayan teburi.

Laburaren namu ƙarami ne, reshen wani babba da ke can cikin gari. Ɗaki ɗaya ne dogo, da fanka biyu, ɗaya ma ba ta juyawa, sai durowar katuna ta katako wadda na fi sanin cikinta a kan akwatin kayana. Kowane littafi yana da kati a durowa, yana kuma da 'yar takarda manne a bangonsa na baya. In mutum ya ara, sai in buga hatimin kwanan wata a kan takardar. Littafin da ake so, takardarsa takan cika har a manna wata a kai.

Kanta ɗaya ce a ɗakin ba ta bi wannan ƙa'ida ba, ita ce ta littattafan babana.

Baba malami ne na zaure, ba shahararre ba. Da ya rasu a ƙarshen shekarun saba'in, ya bar littattafan fiƙihu da nahawu da waƙoƙin wa'azi, yawancinsu rubutun hannu, falle-falle ba ɗinki, kowanne a cikin gafakarsa ta fata. Yayyena maza biyu sun bi masu tafiya Legas neman aiki, ko wasiƙa ba su aiko ba. Ɗakinmu kuwa yana kusa da babbar kwata, duk damina sai ruwa ya shigo mana har ƙarƙashin gado. Na roƙi shugabana na lokacin ya ba ni kanta ɗaya a lungu, ya ba ni. Aka rubuta littattafan a rajista, suka zama na laburare. Amma da na ɗauko gam da hatimi, hannuna ya ƙi. Yaya zan dangwara hatimin gwamnati a kan takardar da aka fara da sunan Allah? Na mayar da hatimin durowa, ban gaya wa kowa ba.

Ba a daɗe ba abokan Baba suka fara zuwa. Babbansu wani tsoho ne daga unguwar Alajo, asalinsa mutumin Nijar, wanda duk muke kira Malam. Tare suka yi karatu da Baba, kuma da yawa daga cikin littattafan shi ya kwafe su da alƙalaminsa. Rubutunsa ya fi na ɗab'i kyau, ban ƙara gishiri ba. Yakan shigo bayan azahar, ya cire takalmi a bakin ƙofa ko da yake ba wanda ya ce ya cire, ya ce, "'Yar Malam, ina wuni?" Sai ya zauna a lungun, ya kwance gafaka, ya zare falle goma ko ashirin, ya naɗe a hankici. "Zan kawo ran Alhamis." Ran Alhamis kuwa sai ga su. Sauran dattawan daga unguwannin Nima da Maamobi haka suke yi. Ban taɓa ce wa ɗayansu ya yanki kati ko ya sa hannu ba. Ni wa, da zan ce wa sa'an ubana ya rubuta sunansa kafin in yarda da shi? Komai yana kaina: wa ya ɗauki me, yaushe zai kawo. Ko falle ɗaya bai taɓa ɓata ba.

In faɗi gaskiya, zuwansu shi ne hirata. Su kaɗai ne a duniya suke kirana da sunan ubana. In sun taru uku ko huɗu suna gardama ƙasa-ƙasa a kan wata mas'ala, nakan ajiye aikina in yi kamar ina jera katuna, alhali sauraro nake yi. Muryoyin zaurenmu ne suka biyo ni wurin aiki.

Wajen tsakiyar shekarun casa'in aka ce za a kawo kwamfuta. An yi shekara guda ana taro a kan tsarin kafin mu ga ko wayarta. Wata jami'a ce daga hedikwata ke jagorantar aikin, mace mai tsabta da tsari, ta yi karatu a waje. Ba muguwa ba ce, kuma ba zan yi mata ƙarya ba don in ji daɗin labarina. Ta zo da takardar tsari mai kauri, ta yi mana bayani cewa shigar da kowane littafi cikin na'ura aiki ne mai cin lokaci, don haka ba za a shigar da matattun littattafai ba. Mataccen littafi shi ne wanda takardar bayansa ta nuna ba a are shi ba shekara biyar. Irin waɗannan za a cire su daga rajista a fitar.

Na san inda littattafan da aka fitar suke ƙarewa. Na taɓa sayen soyayyen kifi a kasuwar Makola, aka ƙunsa mini a cikin shafin wani littafin lissafi mai ɗauke da hatimin reshenmu, wanda ni na buga da hannuna.

Da ta iso lungun Baba, ta ɗaga gafaka ɗaya, ta juya ta gaba da baya, ta nemi takarda ba ta gani ba. Ta duba ta biyu, ta duba ta uku. Ta ce da Turanci, "Hajiya, waɗannan ko sau ɗaya ba a taɓa ararsu ba." Na ce mata duk ɗakin nan babu kantar da ta kai wannan masu karatu. Ta ce ina shaida? Na nuna kaina. Ta yi murmushi, ta ce ba za a iya haɗa kaina da kwamfuta ba. Raina ya ɓaci, na ɗaga murya, har 'yan makarantar da ke karatu suka waiwayo. Ta bar ni na gama, sannan ta ce ta ji, za ta yi mini sassauci: in na kawo mutum goma masu karanta wannan kanta, suka cika fom suka karɓi kati kafin ƙarshen wata, za ta shigar da littattafan. In ban kawo ba, dokar tana nan.

Na koma gida ina huci. Maƙwabciyata mai sayar da koko ta gan ni, ta ce da Hausarta ta Accra, "Madam, me ya faru? Fuska naki ya ɓaci paa." Na ba ta labari. Ta ce, "Ah, wannan ba magana koraa. Ki je ki gaya ma tsofaffi, za su zo. Kati ne kawai, ba kurkuku ba." Ita a ganinta ƙaramin abu ne. Ni na san ba ƙarami ba ne, amma na tafi.

Na hau trotro, ƙaramar motar haya, zuwa Alajo ran Asabar da hantsi. Na sami Malam a ƙofar ɗakinsa yana fere alƙalami. Na durƙusa na gaishe shi, na zayyana masa komai. Ya ci gaba da ferewa, ya jefo mini tambaya.

"'Yar Malam, shekara nawa ina ɗauka ina mayarwa?"

"Sun fi goma sha biyar, Baba."

"An taɓa neman falle aka rasa?"

"Ba a taɓa ba, Baba."

"To yau kuma sai na kawo shaida?"

Na ce ba ni ke nema ba, na'ura ce. Ya ce na'ura ba ta da baki, mutane ne suka sa mata. Sai na faɗi abin da na san zai karya masa zuciya, kuma da gangan na faɗa. Na ce in bai zo ba, rubutunsa da na Baba za a ƙunsa kifi da su a Makola. Ya ajiye wuƙar. Ya ce in tafi, za su zo ran Laraba.

Suka zo kuwa, su goma sha ɗaya, cikin fararen riguna kamar masu zuwa ɗaurin aure. Takalmansu suka cika bakin ƙofa. Ban taɓa jin daɗi a wurin aiki kamar na wannan lokacin ba. Hedikwata ta aiko da wani akawu, magidanci mai saurin aiki, don ya yi rajistar sababbin masu karatu. Ya jera fom a teburi, Malam ya zauna a gabansa na farko. Akawun ya tambayi suna da unguwa, ina fassarawa, yana cikewa. Da aka zo wurin sa hannu, Malam ya kai hannu aljihun rigarsa zai ciro biro. Akawun bai ko lura ba. Ya ga tsoho da rawani wanda ba ya jin Turanci, ya gama yanke hukunci. Ya ce, "Papa, kawo," ya kamo hannun Malam na dama, ya danna babban yatsansa a kan tawada, ya dangwala a takarda, ya saki, ya ce na gaba ya matso.

Ina tsaye a wurin, tazarar taku ɗaya. Ni da na yi wa jami'ar hedikwata ihu a gaban yara, ni da duk Maamobi ta san bakina, ban ce uffan ba. Kalma ɗaya ta isa: a ce masa wannan mutumin ya iya rubutu. Amma na tsorata kada a ce sa hannu da Larabci bai karɓu ba, kada a yi gardama dattawan su tashi, kada goma ta kasa cika. Na yi lissafin nan duka cikin ƙiftawar ido, na zaɓi kantar.

Malam ya dubi yatsansa. Ya dube ni. Ya mayar da biron aljihu a hankali, ya juya ga sauran ya ce, "Ku yi, saboda marigayi." Ɗaya bayan ɗaya suka miƙa yatsa, mutanen da kowannensu ya rubuta Alƙur'ani ko ya karantar da shi. Da aka gama, Malam ya nemi ruwa. Na kawo buta, ya wanke, ya goge, tawadar ba ta fita ba. Ya ce, "An gama, 'yar Malam?" Na ce an gama. Ya ce, "To, Allah ya ji ƙan Malam," yana nufin babana. Suka sa takalmansu. Da na dawo ciki, na tarar da katunan nan goma sha ɗaya a kan teburi, ba wanda ya ɗauki nasa.

Jami'ar ta cika alkawari. Ni da kaina na zauna gaban kwamfutar na shigar da littattafan Baba, da haruffan boko domin ba ta san na Larabci ba. In aka ɗauke wuta mu jira, in aka kawo mu ci gaba. Na koyi aikin, har na fi waɗanda suka koya mini sauri. Na'urar tana da amfani, ba zan ci amanarta ba: abin da nake nema a durowa minti goma, ita takan fito da shi kafin in gyara zama.

Alhamis ta zo ta wuce, wata ta zo. Lungun ba kowa. Na yi wata biyu ina ɗaga kai duk lokacin da ƙofa ta motsa bayan azahar. Daga ƙarshe na sake hawa trotro zuwa Alajo. Malam ya karɓe ni da fara'a, ya sa aka kawo mini ruwa, ya tambayi lafiyar unguwa. Na ce na zo ba da haƙuri a kan abin da akawun nan ya yi, mutumin bai sani ba ne.

"Ai ban riƙe shi da komai ba," in ji Malam. "Shi bai san ni ba."

Sannan ya ƙara da cewa, "Ke ce kika san ni."

Na miƙe na yi masa sallama. Ya raka ni bakin hanya, ya sa mini albarka. Bai sake taka laburaren ba har ya bar duniya, sauran ma haka.

Dokar shekara biyar kuwa tana nan cikin na'ura, kuma na'ura ba ta mantuwa, ba ta jin roƙo. Duk ƙarshen shekara takan fitar da jerin littattafan da ba a taɓa ba. Da na ga sunayen littattafan Baba sun fito a jerin farko, daga sama har ƙasa, sai na ciro katina na ma'aikaciya. Na fara ararsu da kaina, biyu-biyu, duk mako biyu. In shigar da lambata, in sa gafakar a jaka, in kai gida, in dawo da ita a kan lokaci, in ɗauki na gaba. In na kai ƙarshen kanta sai in koma farko.

Ban iya karanta su ba. Baba ya koya mini baƙi da wasali, na sauke Alƙur'ani, amma da lokacin shiga littattafai ya yi sai ya kai ni makarantar boko. Ina iya furta abin da ke shafin, ban san me yake cewa ba. Duk da haka nakan buɗe su da yamma in na dawo, in karanta layi biyu ko uku a bayyane a ɗakin da ba kowa, don kada a ce ƙarya na yi wa na'ura.

Haka na yi har na ajiye aiki. Ranar da zan tafi, wadda ta gaje ni ta buɗe bayanan kantar a kwamfuta don mu duba tare. Ta bi su ɗaya bayan ɗaya, ta ce, "Hajiya, waɗannan ana ararsu sosai, amma duk mutum ɗaya ne." Na ce mata eh, mutum ɗaya ne. Ta ce to in na tafi, wa zai ci gaba?

Na miƙa mata makullan, na roƙe ta ta bar mini katina.