Makahon da Ya Zagaya da Ni Zongon Lome

Litinin: Zariya zuwa Ibadan

Ƙarfe huɗu da rabi na asuba na fita daga gida, jaka a kafaɗa, taswira nannaɗe a hammata. Sunana Sabi'u, shekara ashirin da uku ke nan ina aikin safiyo a ofishin tsara birane. Taswirar ta wani titi ce mai hannu biyu da na zana, wanda zai ratsa tsakiyar wata tsohuwar unguwa ya ci gida sittin da ɗaya. Sa hannuna kawai ake jira, an ba ni mako biyu.

Akwai wata ƙungiya ta masu nazarin tsarin gari da wani abokina ya sa ni a cikinta. Ra'ayinsu shi ne a koma gina unguwa irin ta iyayenmu, inda mutum zai kai masallaci da kasuwa da makaranta da ƙafarsa. Ni gardama na shiga yi musu. Da na tura musu taswirata, sai wata 'yar ƙungiyar da ke Lome, Malama Rakiya, ta rubuto mini: "Kafin ka sa hannu, zo ka ga Zongonmu." Na ɗauki hutun mako guda.

Bas ɗinmu ta tashi biyar da kwata. Muka bi ta Kaduna da Abuja, muka ci tuwon shinkafa a Lokoja wajen ƙarfe ɗaya. Na ƙirga shingen jami'an tsaro har talatin, daga nan na gaji na bari. Bayan isha'i muka shiga Ibadan, na kwana a unguwar Sabo gidan wani fatoma mai saukar da baƙi.

Talata: Ibadan zuwa Lome

Shida na safe na kama hanyar Legas. Daga tashar Mil Tu na shiga tasi zuwa Seme, bakin iyaka, muka isa sha biyu saura. Aka buga mini hatimi a fasfo, aka duba katin rigakafi, na canji sefa. A Kwatano na samu wata tsohuwar tasi, direbanta Bazabarme ne mai jin Hausa.

"Alhaji, Lome fatauci?"

"A'a, lungu zan je kallo."

Ya dube ni ta madubi, ya ci gaba da tuƙinsa.

Daga Kwatano zuwa Lome kilomita ɗari da hamsin ne ko kusa da haka. Ban taɓa ganin teku ido da ido ba sai ran nan. Bayan mun wuce iyakar Togo, a garin Aneho, ruwan tafki ya zo ya haɗu da teku gab da gada, kwale-kwale jere a bakin yashi, bishiyoyin kwakwa iya ganin mutum. Na roƙi direba ya tsaya minti biyu. Na sauka na yi ta tasbihi, sai da ya danna oda na dawo.

Agogon Togo yana bayan namu da awa guda, don haka ƙarfe huɗu nasu na sauka kusa da babbar kasuwar Asigame. Malama Rakiya na jirana. Ba za ta wuce shekara talatin da biyar ba, a Lome aka haife ta, kakanninta Katsinawa ne, karatun tsara gari ta yi da Faransanci.

"Sannu da hanya, Tonton," ta ce. Haka suke kiran baffa a can. "Zemijan za mu hau, ka riƙe taswirarka da kyau."

Zemijan shi ne acaɓa. Muka nausa arewa ta Agbalefedo, tafiyar kamar kilomita goma sha biyar, har Zongo. Aka sauke ni a ɗakin baƙi na gidan kakanta, aka kawo mini ayimolu, wato shinkafa da wake da yaji mai tsami da soyayyen kifi.

Laraba: Cikin Zongo

Bayan karin kumallo Rakiya ta ce kakanta ne zai zagaya da mu. Alhaji Isufu tsohon ɗan goro ne, ya haura tamanin, kuma shekara goma sha ɗaya ke nan da idanunsa suka mutu. Na ja ta gefe na ce, "Makaho ne zai nuna mini gari?"

"Ka dai danna agogonka," in ji ta.

Ya ɗauki sandarsa ya shige gaba, babu mai ja masa. Minti uku muna ƙofar masallaci. Minti biyar muna wajen mahauci, wanda ya hango shi ya ɗaga murya, "Baba Alhaji, yau akwai hanta!" Minti bakwai shagon magani, takwas makarantar yara. Na auna faɗin lungun, mita biyu da rabi. Rana ta take amma muna cikin inuwar katangu. Kowace ƙofa da dakalinta, kowane dakali da mai zama. 'Yan zemijan idan sun shigo sai su rage gudu su koma kamar mai tafiya da ƙafa, domin lungun ba ya miƙewa ɗoɗar balle su ga wurin gudu. Na ji Hausa da Kotokoli da Zabarmanci da Mina a taku ɗari.

"Baba, ta yaya kake gane hanya?"

"Ɗana, ga keken Sulemanu tela yana kuka a dama. In na ji ƙanshin kokon Hajiya Mariyama, in karya hagu. In na yi kuskure, kafin in yi taku uku wani ya kira sunana."

Muka zauna a wani dakali ya ba ni labari. Da can Zongo a tsakiyar gari yake, kusa da kasuwa. Aka tashe su, aka kawo su nan lokacin duk fili ne, aka raba musu fuloti da lamba.

"Lamba ta jefa maƙwabcina can ƙarshen gari," ya ce. "Sai muka zauna muka yi ta musanye har kowa ya dawo kusa da nasa. Sannan kowane mai gida ya bar taku biyu daga filinsa, aka fitar da lungu. Mata su ne suka nuna inda za a bi, su suka san hanyar rijiya da ta gidan suna."

Na daɗe ina kallon ƙasan lungun. A wajen aikina taku biyu na fili ya isa ya kai 'yan'uwa kotu.

Muka ci gaba, sai lungun ya ƙare a bakin babban titin da ya nufi arewa. Tireloli daga tashar jiragen ruwa suna wucewa babu ƙaƙƙautawa, ga shingen kankare a tsakiya. Alhaji ya tsaya cak, ya janye sandarsa.

"Nan ne iyakata. Ka ga gida mai koren ƙyaure a tsallake? Yayata Azumi ce a ciki. Da kullum bayan la'asar ina wajenta. Tun da aka faɗaɗa titin, sai Sallah zuwa Sallah, in an samu mota a zagaya da ni. Ita kuma gwiwa ta hana ta fita. Ban ce titi ba shi da amfani ba, ta nan goro yake zuwa."

Na kimanta nisan, bai kai mita ɗari biyu ba. Ban san lokacin da na ce, "Baba, mu tsallaka," ba.

Na riƙe hannunsa na dama, Rakiya na hagu. Minti goma sha huɗu muna tsaye kafin mu samu sarari. Muka kai tsakiya, muka raɓe a wani ɗan giɓi na kankaren, iskar tirela tana kaɗa rigarsa. Da aka sake samun sarari muka ƙarasa tsallakewa. Na zana irin wannan titi ya fi goma, ban taɓa tsallaka ko ɗaya riƙe da tsoho ba.

Hajiya Azumi na zaune a tabarma tana tsince wake. Ta ɗago ta gan shi, ƙwaryar ta suɓuce mata.

"Isufu! Yau Sallah ce?"

"Yaya, kin rame."

"Kai da ba ka gani?"

"A muryarki na ji."

Ta kamo hannunsa ta zaunar da shi, tana dariya tana share hawaye da gefen mayafi. Bayan sun gama gaisawa ya ce in shimfiɗa taswirar nan da Rakiya ta ba shi labari.

"Ɗora yatsana a kan titin naka."

Na ɗora, na ja shi a kan layin. Ya matsar da yatsan gefe.

"Nan gidan wa?"

Na kalli lambar da ke ƙarƙashin yatsansa.

"Can tsallaken fa, wa ke ciki?"

Gida sittin da ɗaya, lambar kowanne na sani da faɗinsa. Sunan mutum ɗaya ban sani ba. Bai yi mini faɗa ba, ya dai ɗauke yatsansa ya nemi ruwan alwala. Da za mu koma, tasi na ɗauka ta zagaya da mu.

Alhamis da Juma'a: Komawa

Alhamis da sassafe Rakiya ta raka ni tasha, ta ba ni ƙullin goro daga Alhaji da zanen lungunan Zongo da ta yi da hannunta. Na sake kwana a Ibadan, na iso Zariya ranar Juma'a bayan magariba, na tarar da iyali lafiya. Godiya ta tabbata ga Allah da ya kai ni ya dawo da ni. Malama Rakiya da Alhaji Isufu da Hajiya Azumi, Allah ya saka muku da alheri, ya bar zumunci.

Ranar Litinin na gaya wa daraktanmu ba zan sa hannu ba, ina roƙon a bar ni in gwada bi da titin ta bayan unguwa. Ransa bai so ba, amma ya ba ni wata guda, kuma har yanzu ban san yadda za ta kaya ba. Daga ofis na ajiye mota a bakin kasuwa, na shiga unguwar da ƙafa, na yi sallama a gida na farko. Wata tsohuwa ta leƙo ta ƙare mini kallo.

"Ba kai ne mai rusau ɗin nan ba?"

"Ni ne, Iya. Na zo in ji sunanki, da inda 'yan'uwanki suke."

Ta sake dubana sama da ƙasa. Can ta juya ciki ta ce a kawo wa baƙo tabarma.