Gwaggo da Ɗanyen Girgije

A garinmu ba a girbin girgije sai Gwaggo ta ɗanɗana. Shekara talatin da ɗaya haka ake yi. Idan damina ta ja baya, gizagizai sukan sauko su yi nauyi kamar shanun da suka ƙoshi, su kwanta dab da rufin gidaje. Sai a jingina dogon tsani a jikin tankin ruwa, Gwaggo ta gyara ɗaurin zani ta hau, ta tsinko ɗan guntu ta sa a harshe. In ta ce "Ya nuna," a kaɗa ganguna, maza su watsa raga, mata su matse a randuna, mu sami ruwan da zai kai mu ƙarshen rani. In ta tofar, kowa ya koma gida ya jira.

Yayar mahaifinmu ce, gajera, mai faɗan tsiya. An ce ranar da aka haife ta ba ta yi kuka ba, ungozoma ta harara. Saboda wannan aiki ta bar barkono, ta bar shayi mai zafi. Mijinta kafinta, Allah ya jiƙansa, lami ya ci abinci har ya bar duniya, bai taɓa ƙorafi a inda za ta ji ba. Shi ya haɗa mata tsanin, ya matso da matakalan kusa da juna daidai gajerun ƙafafunta. "Harshen nan na gari ne," takan ce, "aro aka ba ni." Sauran wata goma sha ɗaya kuwa da shi take yanka mu.

Bara aka naɗa yayana shugaban kwamitin bikin. Mutumin kirki ne, sai dai ya yarda da takarda fiye da kima. Ya buga sanarwa mai launi, ya gayyato baƙi daga garuruwan maƙwabta, ya ɗauko hayar kujeru, sannan ya tuna da Gwaggo. Ya same ta a ɗaki tana ɗinke raga.

"Gwaggo, ga takarda. Asabar ce, ƙarfe goma."

"Wa ya gaya wa girgijen?"

"Ai mun duba na shekarun baya, duk a wannan mako yake faɗowa."

"Na ce wa ya gaya masa? Ya iya karatu ne, ko ka manna masa ɗaya a ciki?"

Ranar Juma'a ta hau, ta ɗanɗana, ta tofar har sau biyu. Da sauran tsawa a cikinsa, in ji ta, sai nan da kwana shida. Kowa a garin ya san ɗanyen girgije ba ya zama a randa, amma kujeru sun riga sun iso. Yaya ya tare ta a gindin tsani yana magana ƙasa-ƙasa.

"Kalma biyu ce kawai, Gwaggo. Ki faɗa mu fita kunyar baƙi."

"Ni na goya ka, kai mai kunnen faranti, har bayana ya yi kanta. Yau kai za ka sa min magana a baki?"

"In ba ki faɗa ba, kwamiti zai sauke tsanin."

"Ku sauke. Ku dafa shi ku ba baƙin naku."

Suka sauke kuwa. Tana tsaye a ƙofa aka ja shi a ƙasa, aka jefa bayan ofishin kwamiti tare da karyayyun bencina. Ta tafi kasuwa ta sayo jan barkono guda bakwai, ta jera a faranti, ta ajiye a gabanta. In ta ci ɗaya, harshen ya tashi aiki har shekara ta zagayo. Duk wanda ya shigo gaisuwa sai ya kalli farantin ya haɗiye yawu.

Ranar Asabar Yaya da kansa ya ce "Ya nuna" a lasifika. Biki ya yi kyau, ba zan ɓoye ba. Mata dai sun ce girgijen yana cizon su a yatsu wajen matsa, aka ce musu sabuwar raga ce.

Talata da hantsi randuna suka fara gurnani. Kafin azahar murafe na tashi sama. Ruwa ya tsuge a ɗakin tela, a kan keken ɗinki da yadin mutane. Walƙiya ta bi wanzami har ƙarƙashin tebur, ta bar wani da rabin aski. Gizagizan suka fice ta tagogi suka kama gabansu. A falon Yaya kuwa aka wuni ana yayyafi a kan takardunsa.

Ranar Laraba Yaya ya zo da laima a hannu, ya durƙusa.

"Gwaggo, na yi kuskure. Akwai 'yan gizagizai kaɗan da suka rage a saman tanki."

"Kuskure? Ruwan shekara ka zubar don baƙi su tafa maka. Matan da za su yi ta tafiya neman ruwa da rani, su ma ka buga musu takarda?" Ta tura farantin gabansa. "Kuɗina ba zai tafi a banza ba. Ɗayanmu zai ci barkonon nan. Zaɓi."

Ya cinye bakwai ɗin, tana ƙirgawa. Shi ya ɗauko tsanin a ka, ya wanke shi, ya mayar da matakala biyun da suka ɓalle. Alhamis shi ya riƙe mata shi, leɓɓansa a kumbure. Ta hau, ta ɗanɗana, ta daɗe tana juya harshe. Sannan ta tsallake kansa da ido, ta dubi mata.

"Ya nuna. Ku matsa a hankali, kada ɗigo ya faɗi. Ba zai kai mu ba."

Bai kai mu ba ɗin. Da kofi muka yi wanka a ranin nan. Har yau ba ta yi wa Yaya magana kai tsaye, ko da yana zaune a gabanta. Ni take juyowa ta ce in tambayi shugaba ko girgije ya aiko da amsar wasiƙarsa.